Littafin da Tsoho Ya Buɗe Ta Hannun Dama

Na sha jin ku kuna gardama a tsakar gida kan abin da ya raba gandunmu. Wasunku sun ce siyasa ce, wasu sun ce takin zamani ne. Ranar sunan ɗiyar Hafsatu kuma na ji wata jikar Baffanku Isiya tana gaya wa ƙawarta, ba ta san ina bayan ƙofa ba, wai bokona ne ya raba gidan, wai na karanta wa kakanku littafin Turawa ya tashi ya yanka gona biyu. Ban ce mata komai ba, yarinya ce, abin da ta ji shi ta faɗa. Amma tun da Allah ya ara mini kwana, hannuna kuma bai fara rawa ba tukuna, bari in rubuta muku yadda abin ya faru a gaban idona. Ban yi muku alkawarin za ku gane ba, domin ni da aka yi da ni har yau ban gama ganewa ba.

Shekarar zaɓe na biyu ce ta mulkin farar hula. Muna ƙauyenmu na gefen Kajiji, gida ɗaya, rumbu ɗaya, tukunya ɗaya. Kakanku, wanda kowa ke ce wa Tsoho, shi ne mai gandu. 'Ya'ya maza biyu suka rage masa, babanku da ƙanensa Isiya. Da damina su noma gero, da rani su sauka fadama su yi albasa. Ni da Ramatu matar Isiya muke karɓa-karɓar girki, kuma ban taɓa samun 'yar'uwa irinta ba, ko a gidanmu na Bodinga inda aka haife ni. Shekarar ta zo da wuya. Ruwa ya yi ta ɗaukewa, gero ya tsaya iya gwiwa a gonakin tudu, ciwon bushiya ya kashe mana bijimin noma ɗaya. Sabulu ya ɓace a kasuwa har muka koma wa sabulun salo, sukari kuwa sai dai a ba yara labarinsa.

Babanku yana jam'iyyar da ke mulki, kamar kusan kowa a ƙasar Shagari, mahaifar shugaban ƙasa na lokacin. Isiya kuwa, da yake yana bin motocin albasa zuwa Kudu yana jin maganganu a tasha, sai ya dawo da wata jam'iyya daban, har da takardarta ya liƙa a ƙofar ɗakinsa. Da farko wasa ne. Babanku ya ce masa ɗan tawaye, shi kuma ya ce wa babanku ɗan amshi, a yi dariya a ci tuwo. Abin ya ɓaci ne da aka kawo takin zamani ta hannun mutanen jam'iyya. Babanku ya samu, Isiya ya je aka ce masa ya ƙare. Babanku ya zuba takin a gonar gandu, ta kowa da kowa, wannan ba laifi ba ne. Laifin shi ne bakinsa bai iya riƙe magana ba. Suna cikin cin tuwo a akushi ɗaya ya ce:

“Geron da za ka ci bana dai, takin waɗanda kaka zagi na.”

Isiya ya cire hannu, ya wanke, ya tashi. Daga ranar muka fara zuba tuwon maza a akushi biyu. Bayan zaɓe kuma, da aka yi ta buga ganga a ƙofar gidanmu ana yi masa habaici, ya je ya durƙusa gaban Tsoho ya ce a ba shi rabonsa na gona da na fadama, zai ci gashin kansa. Tsoho bai ce e ba, bai ce a'a ba.

“In gero ya shiga rumbu, ku zaka ku ji,” abin da ya ce ke nan.

Ku da kuka tashi kuka tarar da katanga a tsakiyar gida ba za ku san nauyin wannan magana ba. In an raba gandu an raba tukunya, an ja danga tsakanina da Ramatu, yaran da ke kwana a tabarma ɗaya sun zama na wancan gida da na wannan. Fadamar kuma ba ta da faɗin da za a yanka ta biyu kowa ya ƙoshi. Ni da Ramatu muka shiga lissafin ranar da za a gama yankan gero kamar masu jiran hukuncin alƙali.

Ana cikin haka littafin ya shigo gida, kuma ba a matsayin littafi ya shigo ba. Isiya ya kai ragowar albasar ajiya Ikko, ya sayo tarin tsofaffin takardu a tasha, irin waɗanda masu ƙosai ke saye, domin ya riƙa ƙunsa irin albasa yana sayarwa. Ya zube wa Ramatu ya ce ta yayyaga masa daidai ƙunshi. Tana cikin yaga sai ta kira ni.

“Malamar boko, zaka ki ga aljannu.”

Haka suke ce mini a gidan, domin a lokacin na yi nisa a ajin yaƙi da jahilci da ake yi wa matan aure a gidan hakimi bayan azahar. Na zo na karɓa. Littafi ne mai kauri, ba bango gaba ba bango baya, duk hotuna ne na zane masu launi. Kowane shafi an yanka shi gida-gida kamar fangalin albasa, a kowane gida da mutane, magana kuma tana fitowa daga bakinsu cikin wani abu fari kamar kumfa. Na riƙe shi yadda malamarmu ta koya mana, na buɗe ta hagu. Haruffan duk na san su, amma da na haɗa su sai ba su ce komai ba. Na yi ta motsa baki, Ramatu tana jira.

“To, mi sunka ce?”

“Ba Hausa ba ta.”

“Ashe bokon naki ma yana da iyaka,” in ji ta, ta karɓe.

Muka koma kallon hotuna. A shafin farko yara biyu ne a bakin kogi suna kamun kifi, ɗaya ya dafa kafaɗar ɗaya. Ba mu tsaya kansu ba, muka yi ta tsallake zuwa tsakiya inda ake rikici. Mutum biyu ne suka cika littafin. Ɗaya ƙaƙƙarfa ne, ya sa kaya matsattsu har ana ganin haƙarƙarinsa, ya rufe rabin fuska, ya yafa wani jan zane a kafaɗa yana tashi sama da shi. Ramatu ta ce ba ta taɓa ganin namiji da mayafi ba, nan take muka sa masa suna Mai Mayafi. Ɗayan dogo ne siriri, hannunsa ɗaya na ƙarfe, da tabo daga ido har haɓa. Shi kuma ya zama Mai Tabo. Duk inda aka buɗe suna shaƙe da juna, a kan bene, a kan jirgin ƙasa, a cikin hayaƙi.

“Wanga mai tashi sama mijina na,” in ji Ramatu, “ba ya zama wuri ɗaya.”

“A'a, dubi ƙirjin. Isiya ina ya ga wanga ƙirji?”

“To ɗauki mai mayahin, ki bar mini mai tabo, ko banza ya san kunya, ya sa riga har ƙasa.”

Muka yi dariyar da muka daɗe ba mu yi ba. Dariyar ce ta jawo yara, yara suka fizge littafin suka fita da shi zaure, a can Tsoho ya gan shi a hannunsu ya karɓe. Muka ce shi ke nan, wuta zai sa masa, domin mutum ne da ko hoton jam'iyya ba ya son gani a bango.

Bai ƙone shi ba. Kakanku almajirin littattafai ne na gaske, duk abin da aka ɗinke aka yi masa shafi yana girmama shi, ko da bai san harshensa ba. Idonsa ya riga ya gaji da ƙananan rubutu, ga kuma abu ya zo masa manya-manya da launi. Sai ya zama kullum da hantsi, in maza sun tafi yankan gero, yana zaune a kan buzunsa da littafin a cinya, yana bin gidajen da yatsa. Ya yi kwanaki a haka. Wata rana bayan la'asar ya tara yara a zaure ya ce zai ba su labarin da ke ciki. Ya ɗaga murya fiye da yadda yara ke bukata, domin babanku yana gyaran lauje a ƙofar gida, Isiya kuma yana can gefe yana ɗaure dami. Ni da Ramatu muka laɓe a bayan zaure da faifan tsince wake.

Ya ce labarin 'yan'uwa biyu ne. An fara da Mai Tabo yana kwance a ƙasa cikin ruwan sama, rai a hannun Allah, ɗan'uwansa ya durƙusa ya tallafi kansa. Allah ya ba shi lafiya ya tashi, tashinsa ke da wuya sai Shaiɗan ya shiga tsakaninsu suka kama faɗa. Ya ce Mai Tabo mutumin kirki ne, magini ne. Ga gada ta karye motoci sun zuba a ruwa, ga shi ya zo ya ɗora hannun ƙarfensa, ga gada ta miƙe lafiya lau mutane suna wucewa. Mai Mayafi kuwa a nan ne Tsoho ya girgiza kai.

“Wanga ba ya da tausai. Ku duba, ya amshe jinjiri daga hannun uwatai tana dariya, yat tashi sama da shi, yak kai shi cikin benen da wuta ka ci, yab bar shi nan yana kuka.”

Yara suka yi salati. Ya ce amma kada su yanke wa kowa hukunci, su bi shi a hankali. Wani wuri labarin yakan tafi gaba, wani wuri ya komo baya, ya ce haka rikicin gida yake, ba ya tafiya a miƙe. Da aka yi nisa sai faɗan ya fara sanyi. Hannun ƙarfe ya koma na tsoka. Tabon ma ya warke, fuska ta koma sumul. Ga su nan suna aiki a ɗaki ɗaya suna dariya. A can ƙarshe kuma ga ɗiyansu biyu a bakin kogi suna kamun kifi, ɗaya ya dafa ɗaya.

“Kun gani? Ba wanda yar raba musu komi. Haƙuri anka yi, abin yaw wuce. Allah ya aiko mini da amsa cikin takardar ƙunsa iri.”

Ramatu ta damƙe hannuna har wake ya zube. Ta ce a kunnena, ba za a raba ba, wallahi ba za a raba ba. Ni kuwa kaina ya ɗaure. Yaran nan na bakin kogi da idona na gan su a farkon littafi, ga shi Tsoho ya ce su ne ƙarshe. Na leƙa ta jikin ƙofa, sai na ga yadda ya riƙe shi. Ta hannun dama ya buɗe, yana juya shafi yadda ake juya na Alƙur'ani, yatsansa kuma yana tafiya daga dama zuwa hagu. Ai ba shi da wata hanyar da ya sani. Duk littafin da ya taɓa riƙewa a duniya ta nan ake shigarsa.

Da muka koma madafa na gaya wa Ramatu. Ta ce:

“To in an buɗe ta naku hannun, mi ka faruwa?”

“Ban sani ba duka. Amma in yaran na farko, to wanda ke kwance cikin ruwa shi na ƙarshe.”

“Hadiza, ki rufa mana asiri. Hoto na. Hoto yana da gaba da baya? Ki ja bakinki ki yi shiru.”

Na ce to. Kuma har ga Allah ban tabbata tana da kuskure ba. Malamarmu ta koya mana ta inda ake fara rubutu, ba ta taɓa cewa komai kan hoto ba. Mai yiwuwa masu zanen sun yi shi ne yadda kowa zai shiga ta ƙofar da ya saba. Na yi ta juya abin a raina ina daka, ina tankaɗe. In na tuna gadar sai in ce Tsoho ya yi daidai, ai gyara ya fi kyau da ɓarna. In na tuna jinjirin sai in ce wace uwa ce za ta yi dariya ana ɗauke mata ɗa zuwa wuta? Yayanku babba, wanda shi kaɗai ya iya Turanci a gidan, yana makarantar kwana, sai hutu. Malamin firamare kuwa ɗan jam'iyya ne, Tsoho ba zai kai masa maganar gida ba. A kwanakin nan gidan ya ɗan yi sauƙi. Na ji babanku ya tambayi Isiya inda ya ajiye igiya, Isiya ya amsa masa ba tare da ya juya baya ba. Ramatu har waƙa take yi a bakin turmi.

Ranar da aka kai damin ƙarshe rumbu, da hantsi, wata yarinya ta zo ta ce Tsoho yana kirana. Tun da aka kawo ni gidan ban taɓa zama da shi mu biyu ba. In zan wuce zaure sai na cire takalmi, in ya yi magana ta bakin yara yake aiko mini. Na ja mayafi na je na durƙusa a bakin ƙofa, ina kallon ƙasa.

“Ɗiyar Bodinga.”

“Na'am, Baba. Allah shi ƙara maka lahiya.”

“An ce kin iya boko.”

“Kaɗan na, Baba. Kuma wanga ba Hausa ba ta.”

“Ba karatu nika so ba. Matso ki ga wani abu.”

Na matsa da gwiwa. Ya nuna mini wani shafi inda Mai Tabo ke zaune shi kaɗai a ɗaki, da kyandir a gabansa. Gida uku ne a jere. Ya ɗora yatsa a na dama, kyandir ɗan guntu, ya kusa mutuwa. Ya matsa na tsakiya, ya ƙara tsawo. Ya matsa na hagu, ga shi dogo sabo, wuta tana ci a kansa.

“Na kwana biyu ina kallon wanga. Na ga abubuwa da yawa a duniya, amma ban taɓa ganin kyandir yana ci yana ƙara tsawo ba. Ki gaya mini tsakaninki da Allah, masu wanga littahi, ta ina suka buɗa shi?”

Ina jin Ramatu ta daina daka. Da na ce ban sani ba, ba wanda zai kama ni, kuma rabin maganar gaskiya ce. Amma ba a kan hoto ya tambaye ni ba, a kan masu littafi ya tambaye ni, wannan kuwa na sani. Dattijo ne ya haɗa ni da Allah, a cikin zaurensa. Sai na ce:

“Baba, mu dai a aji ta wanga hannu aka buɗewa.”

Na nuna hagu. Ya rufe littafin, ya juya shi, ya buɗe ta inda na nuna. Bai sallame ni ba, don haka na zauna a durƙushe har ƙafata ta mutu, ina jin ƙarar shafi. Yara biyu a bakin kogi. Samari biyu a ɗakin aiki suna dariya. Wuta ta tashi a ɗakin, ɗaya ya fita, ɗaya ya fito daga baya da fuska a ƙone. Gada tana tsaye lafiya, Mai Tabo ya ɗora mata hannu, ta karye. Jinjiri yana kuka cikin wuta, Mai Mayafi ya ɗauko shi ya miƙa wa uwarsa. A nan na ji Tsoho ya ce, “Astagfirullah, na zalunci bawan Allah.” Ya ci gaba, yana yi yana rage sauri, har ya kai shafin da babu wani bayansa. Ruwan sama, ɗaya a kwance, ɗaya a durƙushe ya tallafi kansa. Ya daɗe a nan. Ya ɗaga shafin ya duba bayansa, ko akwai saura. Babu.

“Ashe ba tashi za shi yi ba,” ya ce.

Na ce, “Baba, hoto na kawai. Ƙila ta naka hannun ya fi daidai.”

“Tashi ki tahi, ɗiyata. Allah shi yi miki albarka.”

Ramatu ba ta yi mini magana ba sai da rana ta faɗi, da ta yi kuma cewa ta yi in miƙo mata gishiri. Washegari da safe Tsoho ya aika aka kira liman da dattawa biyu na unguwa, ya sa 'ya'yansa a gaba suka nufi gona. Mu mata ba mu je ba, babanku ne ya ba ni labari daga baya, a gutsure, domin ba ya son tuna ranar. Ya ce shi ya roƙi Tsoho ya bari, Isiya ma da ya ga abin ya zama gaske ya fara cewa ai ba gaggawa. Tsoho ya ce musu ya ga yara biyu da suka fi su son juna, ya kuma ga inda suka ƙare, ba zai bari a yi rabon bayan ransa da sanda a hannu ba. Liman ya tambaya waɗanne yara ne, ba wanda ya ba shi amsa. Aka auna gonakin tudu da igiya, aka dasa gamba a kan iyaka. Aka raba geron rumbu dami-dami, bijimin da ya rage aka sayar aka raba. Da aka sauka fadama, kowa ya zaci Tsoho zai ba ɗaya gefen rijiya ya ba ɗayan gefen da ya fi faɗi, ya haƙa tasa. Sai ya ja sandarsa a ƙasa, ya bi ta tsakiyar fangali, ya zo ya bi ta kan bakin rijiyar daidai tsakiya, ya wuce. Rijiya ɗaya, jigon ɗaga ruwa ɗaya, rabi na wannan rabi na wancan. Dattawa suka ce wannan ai rigima ce ka dasa. Ya ce ya gaji, a kai shi gida.

Har yau ban san ko hikima ce ya yi ba, ko kuwa da gaske gajiyar ce. Ban kuma san ko da na yi shiru gidan zai zauna ba, ko kuwa wani abin da ya fi rabo muni ne zai same mu. An ja dangar kara a tsakar gida, daga baya ta zama katangar da kuka sani. Ranar da na fara dafa tuwo a ƙaramar tukunya na zuba gari ya yi yawa, domin hannuna bai san awon gida ɗaya ba, na tsaya ina kallonsa ina hawaye. Ba a yi nisa da dashen albasa ba sai rediyo ya ce sojoji sun karɓi mulki, an rushe jam'iyyu duka, ta babanku da ta Isiya. Takardar ƙofar ɗakin Isiya Ramatu ta ɓamɓare ta ta kunna wuta da ita. Abin da aka yi faɗa a kansa ya tafi, danga tana nan.

Da yayanku ya zo hutu Tsoho ya ba shi littafin ya ce ya karanta masa abin da ke cikin kumfar. Na sa rai a nan zan ji wanda ke da gaskiya. Ya karanta ya ce Mai Tabo yana cewa ɗan'uwansa ne ya gudu ya bar shi cikin wuta, Mai Mayafi kuma yana cewa taimako ya fita nema, kuma littafin bai faɗi wanda ya yi ƙarya ba. Ya ce ma ba 'yan'uwa ba ne, abokai ne. Tsoho ya ce a'a, nan Turawan sun yi kuskure, abokai ba sa irin wannan faɗa. Bai ga damina ta gaba ba, Allah ya ji ƙansa.

Albasa ba ta jiran kowa, kullum sai an ba ta ruwa da safe kafin rana ta yi zafi. Jigo kuwa mutum ɗaya yake ɗauka. Haka babanku da Baffanku suka riƙa haɗuwa a bakin rijiyar nan kowace safiya ta rani, shekara da shekaru. Kada wani ya gaya muku wai a can suka shirya. Faɗa suke yi. Wa ya riga zuwa, wa ya tsinke igiya, wa ya bar guga cikin laka, wa ya ja ruwa har rijiya ta yi ƙasa. Mutanen fadama har sun saba, in sun ji hayaniya sun san gari ya waye. Sau da yawa Isiya ya rantse zai haƙa tasa, har ya taɓa kiran masu haƙa suka zo suka duba wuri, ba a dai haƙa ba. Babanku kuma in ya dawo sai ya zauna ya ba ni labarin rashin kunyar da aka yi masa yau, yana ci yana ƙari, in ga ya cinye tuwonsa tas. Ranar da Isiya ya yi tafiya kuwa, sai babanku ya dawo da wuri ya ce jikinsa ba daɗi.

Shekarar da babanku ya rasu, da na fita takaba lokacin dashe ya yi. Yaranmu suka sauka fadama suka gyara namu gefen, suka dawo suka ce gefen Baffa ko kaftu ba a yi ba, ciyawa ta rufe. Da ya shigo gaishe ni na ce masa:

“Isiya, lahiya? An ce ba ka taɓa lambunka ba. Jigon ga shi nan kai kaɗai, ba mai hana ka.”

Ya tsaya a bakin ƙofa yana juya hularsa a hannu. Ya tsufa a wata huɗun nan fiye da yadda na zata.

“Matar Yaya,” ya ce, “in na tahi, da wa za ni faɗa?”

Ya sa takalmansa ya fita. Bai ƙara shuka albasa ba har ya bi ɗan'uwansa.